Kabewa a tukunyar Damagaram

A birnin Damagaram, inda ruwa da icce ke da tsada, kabewa abin dogaro ce ga uwargida. In ba a fasa ta ba, takan yi watanni a ɗaka lafiya lau. A fere ta, a yayyanka, a sa ruwa kaɗan, a rufe tukunya. Cikin minti 20 ta nuna, don da ruwan jikinta take dahuwa. Sai a barbaɗa garin ƙuli-ƙuli.

A Amurka akwai wata irinta da ke warwarewa zare-zare kamar taliya in ta dahu. Ta kasuwar Dole ba ta wannan ado, amma jan namanta na ɗauke da bitamin A, mai tsare yara daga dundumi.