Yadda Baƙi Suka Ci Ingila A 1066, Da Gardamar Da Malaman Tarihi Ke Yi Har Yau

Kalmomin kotu, joji, soja, fursuna da gwamna duk Bahaushe ya aro su ne daga bakin Turawan Ingila. Abin da ba kowa ya sani ba shi ne, su ma Turawan Ingila aro suka yi. Sun samo su daga Faransanci, harshen da ya zama na fada da na shari'a a ƙasarsu bayan wasu baƙi da ake kira Normawa sun ci su da yaƙi cikin shekarar 1066. Yau fiye da shekara 950 ke nan, amma malaman tarihi ba su gama gardama a kan wannan yaƙi ba, domin shaidun da aka bari kowanne da inda ya karkata.

Asalin sunan Normawa yana nufin mutanen Arewa. Kakanninsu mayaƙan teku ne daga wajajen Denmak da Norwe. Cikin 911 Sarkin Faransa ya yanka wa shugabansu Rollo wani yanki a bakin teku don ya huta da harinsu, yankin da aka sani da Normandi. Suka zauna, suka yi auratayya da mutanen wurin, suka shiga addinin Kirista, har suka bar harshensu suka kama Faransanci.

Ran 5 ga Janairu 1066 Sarki Edwad na Ingila ya rasu bai bar ɗa ba. Kashegari manyan ƙasa suka naɗa surukinsa Harold. Wiliyam mai mulkin Normandi ya ce sam, shi aka yi wa alkawarin gadon. Yayin da Harold ke can arewacin ƙasar yana fama da Sarkin Norwe, wanda ya kashe ran 25 ga Satumba, sai Wiliyam ya ƙetaro teku ya sauka a kudu. Harold ya juyo da rundunarsa tafiyar mil fiye da 200, suka gamu kusa da garin Hestins ran 14 ga Oktoba. Kafin dare an kashe Harold da 'yan'uwansa biyu, ran 25 ga Disamba kuwa aka naɗa Wiliyam a Landan.

Shaidun Masu Nasara

Labarin yaƙin mafi tsawo na wancan zamani ya fito ne daga alƙalamin wani Wiliyam na Poitiers, limamin Kirista a fadar sabon sarkin. Malamai sun daɗe suna ɗaukarsa tamkar maroƙin fada, don bai ga laifin ubangidansa ko ɗaya ba. Yana cikin waɗanda suka ce Harold ya taɓa zuwa Normandi ya rantse zai goyi bayan Wiliyam, daga baya ya ci amana. Littafin tarihin shekara-shekara da Ingilishi suka riƙa rubutawa da harshensu kuwa bai ko ambaci wannan tafiya ba.

Shaida ta biyu wani dogon ƙyalle ne na garin Bayeux a Normandi, mai tsawon kusan mita 70, wanda aka yi wa surfani da zaren ulu, aka zana labarin tun daga tafiyar Harold zuwa Normandi har zuwa fagen fama. Yawancin masana sun yarda Odo, Bishop na Bayeux, wanda suke uwa ɗaya da Wiliyam, shi ya sa aka yi shi, kuma mai yiwuwa a Ingila aka ɗinka. Akwai hoton wani mayaƙi da kibiya a ido, wanda aka daɗe ana cewa Harold ne. To, an yi wa ƙyallen gyare-gyare a ƙarni na 19, saboda haka wasu masana na shakkar ko kibiyar tana nan yadda aka ɗinka ta tun farko.

Shaida ta uku ta bambanta. Orderic Vitalis an haife shi a Ingila cikin 1075, ubansa Bafaranshe, uwarsa Ba'ingilishiya. Yana ɗan shekara 10 aka tura shi gidan zuhudu a Normandi, inda ya ƙare rayuwarsa yana rubuta tarihi. Ya yabi Wiliyam a wurare da dama, amma da ya zo kan abin da sarkin ya yi wa arewacin Ingila cikin 1069 da 1070, lokacin da ya ƙone amfanin gona da dabbobi don murƙushe tawaye, sai ya ƙi yabo. A lissafinsa yunwa ta kashe mutum fiye da 100,000. Masana na yau suna ganin adadin ƙiyasi ne kawai, amma ba sa musun bala'in. Marjorie Chibnall ce ta tsara wannan littafi ta fassara shi zuwa Ingilishi cikin juzu'i 6, daga 1969 zuwa 1980.

Littafin Da Ba A Ɗaukaka Ƙara

Shaidar da ta fi kowace nauyi ita ce ta ƙidaya. A ƙarshen 1085 Wiliyam ya aika wakilai su bi ƙasar lardi-lardi, su tambayi wane ne mai kowane fili, garma nawa ke nome shi, mutum nawa ke zaune a kai, kuma nawa yake kawowa a shekara. An rantsar da mutanen kowace gunduma, Ingilishi da Faransawa, kafin su ba da amsa. Cikin 1086 aka tattara bayanin wurare fiye da 13,000. Daga baya jama'a suka laƙaba wa littafin suna Domesday, watau Ranar Hisabi, don abin da ya faɗa ba a ɗaukaka ƙara a kansa. Yana nan a ma'ajiyar takardun tarihi ta ƙasa da ke Kew a Landan, an kuma fara buga shi cikin 1783.

Da malamai suka zauna suka lissafa abin da ke ciki, sai girman abin da ya faru ya bayyana. Cikin shekara 20 kacal, kusan rabin arzikin filayen Ingila ya koma hannun manyan baƙi da ba su kai 200 ba, coci na riƙe da wajen rubu'i, abin da ya rage wa manyan Ingilishi kuwa bai kai kashi ɗaya cikin goma ba. Ƙauyuka da yawa na lardin Yokshaya an rubuta su a matsayin kufai. Har wa yau, littafin yana lissafi ne daga ranar mutuwar Edwad, yana kiran Harold da muƙaminsa na dā, kamar dai wata tara da ya yi yana sarauta ba a taɓa yin su ba. Wanda ya samu fili daga hannun Harold ba shi da hujja ke nan.

Gardamar Malamai

Tsakanin 1867 da 1879 Edward Freeman ya fitar da juzu'i 6 a kan cin Ingila. Zuciyarsa na wajen Harold, kuma ra'ayinsa shi ne al'adun Ingilishi ne suka haɗiye baƙin a ƙarshe. John Horace Round ya yi masa ca, musamman a littafinsa na 1895, ya ce Wiliyam ne ya kawo sabon tsari na ba mutum fili bisa sharaɗin ya kawo wa sarki barade in yaƙi ya tashi. Cikin 1897 Frederic Maitland ya ce Domesday littafin haraji ne, amma cikin 1961 V. H. Galbraith ya ce manufarsa ita ce sarki ya san abin da kowane babban mutum ke riƙe da shi.

Cikin 1978 R. Allen Brown ya kafa taron masana na shekara-shekara a garin Battle, wurin da aka gwabza yaƙin, ana kuma buga takardun da aka gabatar. Binciken da ya biyo baya ya rage zafin ɓangarorin biyu. An gane cewa Ingila tana da larduna, kotuna, kuɗin azurfa da tsarin haraji mai ƙarfi tun kafin 1066, kuma da wannan tsari ne baƙin suka iya yin ƙidayar cikin ƙasa da shekara guda. An kuma lura cewa wajen kashi ɗaya cikin goma na mutanen da aka ƙidaya bayi ne, amma bauta ta yi ta raguwa a zamanin Normawa, har majalisar coci ta hana cinikin bayi cikin 1102.

Wiliyam ya mutu ran 9 ga Satumba 1087, shekara guda bayan ƙidayar. Yabon da limaminsa ya rubuta yanzu sai an tace kafin a karɓa. Littafin filayen kuwa, wanda aka yi don tabbatar da mallakar baƙi, shi ne ya adana sunayen dubban Ingilishi da aka ƙwace wa gonaki, domin a gefen sunan sabon mai fili an rubuta sunan wanda yake riƙe da shi a zamanin Edwad. Daga wannan shafi ne masana suke sake gano su ɗaya bayan ɗaya.