Ali Mazrui: Yaron da Makerere ta ƙi ɗauka

Idan kuna kallon shirin tarihi a talabijin, kukan ga an sako wani masani zaune gaban kantar littattafai yana bayani. Mukan ɗauka irin waɗannan mutane tun suna aji ɗaya su ke zuwa na farko. To, ku ji labarin Farfesa Ali Mazrui.

An haife shi a Mombasa, ƙasar Kenya, a 1933. Mahaifinsa, Shehu Al-Amin Mazrui, shi ne babban alƙalin Musulmin Kenya, ya kuma rasu Ali yana ɗan shekara 14. Da ya gama sakandare, sakamakon jarrabawarsa bai kai a ɗauke shi a kwalejin Makerere ta Yuganda ba, wadda ita ce burin kowane ɗalibi a Gabashin Afirka a lokacin. Sai ya kama aiki a wata makarantar Musulmi a Mombasa. Wani jawabi da ya yi a gaban gwamnan Turawa ne ya jawo hankali gare shi, har ya samu tallafin karatu zuwa Ingila. Ya yi digiri a Manchester a 1960, ya ƙara a Columbia ta Amurka, ya kammala digirin digirgir a Oxford a 1966.

Abin da ya fi burge mu: Makereren da ta ƙi shi ɗalibi, ita ta ɗauke shi malami har ya zama farfesa. Mulkin Idi Amin ne ya sa ya bar ƙasar a 1973.

A 1986 aka nuna shirinsa mai kashi tara, The Africans: A Triple Heritage, wanda BBC da gidan talabijin na al'umma a Amurka suka shirya da haɗin gwiwar NTA. A shekarun nan yana da kujerar farfesa a Jami'ar Jos. Shi ya rubuta, shi ya gabatar. Hujjarsa ita ce Afirka ta gaji abubuwa uku: al'adunta na asali, Musulunci, da tasirin Turawa. Ku dubi kanku da safe: gaisuwar tsugunno, allo, sannan yunifom.

Shirin ya tayar da ƙura. Wata hukumar gwamnatin Amurka da ta zuba kuɗi a ciki, ƙarƙashin Lynne Cheney, ta ce ya cika sukar ƙasashen Yamma, ta sa aka cire sunanta. Mazrui bai janye ba. A ganinmu wannan ne ɓangaren aikin da ba a nunawa a talabijin: duk abin da masani ya faɗa, sunansa ne a kai, kuma shi zai kare shi. Shi ma bai raga wa kowa ba, domin a 1999 ya caccaki shirin Henry Louis Gates kan yadda ya ba da labarin cinikin bayi.

Ya rasu a Amurka a 2014, aka kai shi Mombasa aka binne.