Sunan Yanka da Sunan Dangi: Ina Asalinsu?

Duk shekara, idan lokacin cike takardun jarrabawar gama sakandare ya zo, akwai gurbi guda da kan tsayar da alƙalamin ɗalibai da yawa a ƙasar Hausa, wato inda aka ce a rubuta sunan dangi. Yaron da aka raɗa wa Musa, mahaifinsa Ibrahim, kakansa Garba, garinsu Funtuwa, sai ya rasa wanda zai ɗauka. Ran da ya zo shiga jami'a ko neman aiki, sai a tarar takardar firamare ta ce Musa Ibrahim, ta sakandare kuma ta ce Musa Garba Funtuwa, a ce sai ya je kotu ya yi rantsuwa cewa shi ne duka biyun. Ba wautar yaron ba ce. An tsara takardar ne bisa al'adar mutanen da ke gadon suna ɗaya daga kaka zuwa jika, al'adar da ko a wurin masu ita ba ta daɗe kamar yadda ake zato ba.

Sunan mutum na kansa shi ne ya riga kowane, kuma a al'ummomi da yawa labarin haihuwa yake bayarwa. Bahaushe kan sami sunan yanka ran bakwai, amma sau da yawa laƙabi ne ke binsa har tsufa. Tanko namiji ne da ya biyo bayan mata, Kande mace ce da ta biyo bayan maza, Audi bai tarar da mahaifinsa da rai ba, Gambo kuwa shi ke bin tagwaye. Ajuji da Barmani sunaye ne na uwar da 'ya'yanta ke mutuwa, tana fatan wannan ya tsaya. Yarabawa ma haka: Taiwo da Kehinde su ne tagwaye, Idowu shi ne Gambonsu. Akan na ƙasar Ghana kuwa ranar haihuwa suke dubawa. Kwame Nkrumah haihuwar Asabar ne, Kofi Annan na Juma'a. Da a Kano aka haife su, da Ɗan'asabe da Ɗanjuma ke nan.

To, amma idan gari ya cika, Musa ya yi yawa, dole a tambaya: wane Musa? Amsa mafi sauƙi ita ce a jingina shi ga ubansa. Larabawa sun tsara wannan tun da daɗewa: akwai sunan mutum, da nasabarsa mai “ibn” ko “bint”, da alkunya irin Abu Hanifa, da laƙabi, sa'an nan da danganta mutum ga gari ko ƙabila. Imam Bukhari mutumin Bukhara ne. Al-Khwarizmi, masanin lissafin da ya yi aiki a Bagadaza a ƙarni na 9, an danganta shi ne ga yankin Khwarizm, kuma daga sunansa aka sami kalmar algoridim da masu ilmin kwamfuta ke amfani da ita. Da wannan hanya aka san Muhammad al-Kashnawi, Bakatsinen masanin lissafi da ya rasu a Alƙahira a 1741. Har ila yau mutanen tsibirin Aisilan, a can arewacin Turai, yawancinsu ba su da sunan dangi. Ɗan Jón shi ne Jónsson, 'yarsa Jónsdóttir. Vigdís Finnbogadóttir, wadda ta shugabanci ƙasar daga 1980 zuwa 1996, ma'anar sunanta kawai Vigdís 'yar Finnbogi. Tsarinsu da na Hausawa ɗan juma ne da ɗan jummai.

Sunan da ake gada ya kafu ne galibi inda hukuma ta buƙaci sanin wanda ya mallaki gona, wanda ya biya haraji, da wanda ya isa shiga soja. A Ingila ya fara da masu mulki bayan mamayar Normawa ta 1066, ya gangaro a hankali, har wajen 1400 yawancin iyalai suka same shi. Abin da aka riga aka san mutum da shi ne ya daskare ya zama gado: ubansa, garinsa, siffarsa ko sana'arsa. Smith maƙeri ne. Haka Schmidt a Jamus, Lefèvre a Faransa, Ferrari a Italiya, Kowalski a Folan, da Haddad a ƙasashen Larabawa. Babu ƙauyen noma da zai zauna ba maƙeri, shi ya sa zuriyar maƙera ta cika littattafan suna. Taylor kuwa maɗinki ne, kalmar da ta shigo Hausa ta zama tela.

A wasu ƙasashen ba a jira ƙarnuka ba, doka ce ta sauko rana ɗaya. A 1849 gwamnan Sifaniya a tsibiran Filifin, Narciso Clavería, ya sa aka buga kundin sunaye jere bisa haruffa aka rarraba wa larduna, don a daidaita ƙidaya da haraji. A wasu garuruwa sai kusan kowa ya tashi da suna mai farawa da harafi ɗaya. Japan ta wajabta wa talakawa sunan dangi a 1875, da yawa suka riƙi sunan wurin zamansu: Tanaka tsakiyar gonar shinkafa, Yamamoto gindin dutse. Turkiyya ta yi tata dokar a 1934, a shekarar ce majalisa ta ba Mustafa Kemal sunan Atatürk, wato uban Turkawa. A Arewacin Nijeriya rajistar makarantun boko ce ta yi irin wannan aiki. Da aji ya cika da Abubakar da Muhammadu, sai aka riƙa liƙa wa kowa garinsa. Daga nan aka sami Abubakar Tafawa Ɓalewa, Aminu Kano, Sa'adu Zungur da Shehu Shagari. Shi kansa Sardauna, Ahmadu Raba ake kiransa yana ɗalibi.

Da zarar suna ya zama abin gado ta wajen maza kaɗai, sai ya shiga hannun masu lissafi. A 1873 Francis Galton na Ingila ya buga wata tambaya: me ke sa sunayen wasu manyan gidaje ke ɓacewa? Wani limamin coci masanin lissafi, Henry William Watson, ya amsa masa. Ɗalibi na iya gwada abin a aji. A ɗauka akwai maza 100, kowa da sunan danginsa dabam, kowa ya haifi 'ya'ya 2, kuma samun namiji ko mace rabi da rabi ne. Kashi ɗaya cikin huɗu za su haifi mata zalla, saboda haka sunaye 25 sun tafi tun a zubin farko. A zubi na biyu waɗanda suka ɓace sun kai wajen 39, a na uku wajen 48, alhali yawan jama'a bai ragu ba. Sunayen da suka tsira su ke cinye gurbin waɗanda suka mutu. Watson ya yi kure da ya yanke cewa kowane suna sai ya ɓace komai daɗewa, domin inda jama'a ke ƙaruwa wasu kan ɗore. Duk da haka lissafin ya rayu, har ana amfani da shi wajen nazarin yaɗuwar annoba da fashewar ƙwayar zarra.

Ana ganin alamar wannan a ƙasar Sin, inda gadon suna ya haura shekara 2,000: Wang da Li da Zhang kaɗai sun ɗauki kusan kashi ɗaya cikin biyar na jama'ar ƙasar. A Koriya ta Kudu ma mutum ɗaya cikin biyar Kim ne. Sai dai ba lissafi kaɗai ya jawo haka ba, don talakawa sun sha ɗaukar sunan gidan sarauta domin neman kariya ko daraja.

Ilmin gadon halitta ma ya sami abin yi a nan. Ƙwayar gado da ake kira Y daga uba take zuwa ga ɗa namiji, tamkar sunan dangi. A 2000 Bryan Sykes na Jami'ar Oxford ya gwada maza masu suna irin nasa, ya tarar kusan rabinsu na da tambari iri ɗaya a wannan ƙwaya, alamar kakansu ɗaya ne tun ɗaruruwan shekaru.

Irin wannan bincike zai yi wuya a ƙasar Hausa, domin suna ba ya tsayawa. Ɗan Musa Ibrahim zai tashi Sani Musa, jikansa kuma wane Sani. Sai dai Ibrahim bai ɓace ba: za a mayar wa ɗaya daga cikin jikokin, kuma da yake uwar yaron ba za ta iya faɗin sunan surukinta ba, sai gida duka ya kira shi Abba.