Kafin Ku Sayar da Riɗi Saboda Takardar Jami'a

Riɗi ya shigo kasuwa, kuɗi sun fara shiga hannun mutane tun daga Doka har Gadarif, kuma masu farautar waɗannan kuɗi sun riga mu sammako. Bana da rigar neman ilimi suka zo, domin sun san ita ce rigar da uba ba ya iya kora daga ƙofar gidansa. Ina roƙon duk wanda ya karanta wannan ya karanta wa maƙwabcinsa tun yau.

Makon jiya bayan la'asar wani tsohon ɗalibina ya same ni a ƙofar gida, ya miƙo mini wayarsa, hannunsa har rawa yake yi don murna.

"Ustaz, Allah ya yi. An ba ni minha, tallafin karatun likitanci, a Kanada."

Na karɓa na duba. Takarda ce mai kyan gani, da tambarin jami'a a sama, da hatimi, da sunansa cikin manyan baƙaƙe. A ƙasa an ce ya tura kuɗin rajista ta manhajar Bankak cikin kwana uku, zuwa asusun wani mutum, tare da hoton fasfo da na shahadarsa ta sakandare, in ba haka ba a ba wani gurbin. Na ce masa, "Ɗana, yaushe ka nemi wannan jami'a?" Ya yi shiru. Bai taɓa nema ba. Wani ne da suka haɗu a kasuwar da ke bakin sansanin 'yan gudun hijira na Um Rakuba ya karɓi lambarsa, ya jefa shi cikin wani zauren WhatsApp. Mahaifinsa kuwa har ya ware buhu biyu na riɗi. Allah ya sa ba a kai su kasuwa ba tukuna, amma a zauren nan na ga sunayen yara da yawa, namu da na Habasha, kuma wasunsu sun riga sun rubuta cewa sun biya.

Ba banza ba mayaudara suka zaɓi wannan yanki. Tun watan Nuwamba na 2020, da yaƙi ya ɓarke a yankin Tigray na Habasha, aka sake buɗe sansanin Um Rakuba, wanda ya taɓa karɓar mutanen Habasha a lokacin yunwar shekarun 1980. Fiye da mutum 60,000 suka tsallako Sudan cikin 'yan watanni, yawancinsu ta Hamdayet, har aka buɗe sansani na biyu a Tunaidba a farkon 2021. A cikinsu akwai ɗaliban jami'o'in Mekele da Aksum da Adigrat da suka gudo da rigar jikinsu kawai, takardunsu na can. An sa hannu kan yarjejeniyar zaman lafiya ta Piretoriya a Nuwamban 2022, amma mutanen Humera da kewayenta ba su sami hanyar komawa gida ba. Sai namu yaƙin ya zo ranar 15 ga Afrilun 2023. Jami'o'in Khartum suka watse, Madani ta faɗi a Disambar wannan shekara, Gadarif ta cika da waɗanda suka rasa gidajensu. Jarrabawar shahada da ya kamata a yi a 2023 ba a zauna ta ba sai ƙarshen Disambar 2024. Yaro ya shekara biyu, uku, yana zaune a rumfa yana kallon shekarunsa suna wucewa. Mai irin wannan ƙishirwa ko ruwan kwata aka miƙo masa zai kai baki.

Dillalan nan haja biyu suke tallatawa. Ga yaran sansani suna cewa, "Ina da mutum a ofis, zai sa sunanka a sama." Ga namu yaran Hausawa, 'yan ƙasa, suna cewa, "Kawo kuɗi a yi maka katin ɗan gudun hijira, ka bi layinsu zuwa Turai." Duka biyun ƙarya ce, ta biyun kuma har da zalunci a ciki.

Ga yadda abin yake. Babban tallafin karatun jami'a na 'yan gudun hijira shi ne DAFI, wanda gwamnatin Jamus ta kafa a 1992, hukumar 'yan gudun hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya, UNHCR, ke tafiyar da shi. Na wanda aka tabbatar ɗan gudun hijira ne, ya gama sakandare da sakamako mai kyau, bai wuce shekara 28 ba, kuma iyalinsa ba su da hali. A bisa tsarinsa, a ƙasar da mutum yake zaman mafaka yake biya masa karatu. To duk wanda ya ce maka DAFI za ta ɗauke ka a jirgi zuwa Kanada, daga nan ka san bai san abin da yake sayarwa ba, ko kuwa ya sani sarai yana jiran ka ne. Guraben kuma kaɗan ne ƙwarai. A duniya baki ɗaya, a 2023 kashi 7 cikin 100 kacal na matasan 'yan gudun hijira suke manyan makarantu, burin UNHCR ma shi ne a kai kashi 15 a 2030. Ina wanda zai raba guraben nan a zauren WhatsApp kamar goron suna?

Batun katin bogi kuwa, rajistar ɗan gudun hijira da hoton yatsu ake yin ta, a hannun hukumar 'yan gudun hijira ta Sudan da UNHCR. Yaronka zai yi asarar kuɗi, ya jawo wa kansa tuhuma, in kuma da za a ce dabarar ta ci, gurbin marayan da ya tako da ƙafa daga Humera ya ƙwace. Mu jikokin waɗanda suka bar ƙasar Hausa bayan yaƙin Burmi a 1903, da na alhazan da suka yada zango a hanyar Makka, mun fi kowa sanin abin da ake nufi da baƙunta. Wannan ba cinikinmu ba ne.

Duk aikin UNHCR kyauta ne, rajista da tallafin karatu da kai mutum wata ƙasa. Kada bajo a ƙirji ko farar mota ta ruɗe ku. A watan Mayun 2018 hukumar da kanta ta dakatar da shirin kai 'yan gudun hijira ƙasashen waje daga Sudan, bayan zargin cewa ana karɓar kuɗi a hannun mutane. Ma'ana, ko ma'aikaci na gaske ne ya buɗe baki ya nemi ko jine ɗaya, laifi yake aikatawa, kuma ƙararsa ya kamata a kai.

Asarar buhu biyu da sauƙi, ana iya nomawa baɗi. Wanda yake hana ni barci shi ne dillalin da ba ya neman kuɗi da farko. Shi cewa yake yi, "Taso kawai, jami'a tana jiranka, ka biya in ka isa." Mutanen gabashin Sudan sun san ƙarshen wannan hanya tun zamanin da ake sace 'yan Eritiriya daga kewayen sansanin Shagarab ana kai su Sina'i, ana gana musu azaba ana buga wa iyayensu waya su ji ihunsu. Yau hanyar ta karkata zuwa Libiya, ta Kufra, kuma an sha ba da rahoton matasan Tigray da suka bar sansanonin Gadarif suka faɗa hannun masu neman kuɗin fansa a can. Ba mu manta da samarin Sudan da kamfanin Black Shield ya ɗauka da sunan aikin gadi a Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa ba, sai ga su a Ras Lanuf ta Libiya, har iyayensu suka yi zanga-zanga a Khartum a Janairun 2020. Su ma da takarda mai hatimi aka fara.

Iyaye mata, ku saurara da kyau, domin akwai tarkon da aka ɗana wa 'yan mata musamman. A Oktoban 2024 kamfanin dillancin labarai na AP ya bankaɗo yadda wani shiri mai suna Alabuga Start ya riƙa jan 'yan mata 'yan shekara 18 zuwa 22 daga ƙasashen Afirka, ciki har da Sudan ta Kudu da Yuganda da Najeriya, da alkawarin karatu da aiki a Rasha. Da suka isa Tatarstan, a masana'antar haɗa jirage marasa matuƙi na yaƙin Yukuren aka zuba su. Ta kafofin sada zumunta aka tallata abin, da hotuna masu ƙyalli. Akwai kuma yaudara mai laushi, irin ta Arewacin Kuburus, inda dillali yake kiran rangwamen kuɗin makaranta da sunan minha, yaro ya isa ya tarar da haya da abinci da sauran kuɗin duk suna wuyansa. A Agustan 2020 sai da hukumar 'yan Najeriya mazauna ƙasashen waje ta fito ta gargaɗi iyaye game da tura yara can.

Ba ina cewa yara su daina nema ba ne, Allah ya kiyaye. Ƙofofi na gaskiya suna nan, sai dai da haƙuri ake shiga. Tallafin gwamnatin Turkiyya, alal misali, a kan buɗe shi daga 10 ga Janairu zuwa 20 ga Fabrairu, a shafinsu na intanet, ba a biyan ko sisi. Mai neman digirin farko kada ya kai shekara 21, ya kasance da kashi 70 cikin 100 a shahadarsa, mai son likitanci kuwa kashi 90. Jami'o'in Saudiyya, har da Jami'ar Musulunci ta Madina, su ma ta shafin gwamnati ake nema kai tsaye. Yaran sansani kuma UNHCR tana da shafi na musamman da take jera tallafin da ta tantance, kowanne da sunayen ƙasashen da yake ɗauka daga cikinsu, sai a duba ko Sudan na ciki kafin a ɗora rai. Duk waɗannan kai ne kake nemansu, kana cika takarda, kana jira wata da watanni, sau da yawa a yi maka tambayoyi, kuma sau da yawa a ce ba ka samu ba. Tallafin da ya zo ya same ka kana zaune, ya ba ka wa'adin kwana uku, ya ce ka rufa wa kanka asiri kada a yi maka baki, wannan ƙugiya ce.

Kada kuma a raina hoton fasfo da na shahada. Wanda ya mallake su zai iya cin bashi ko ya damfari wani da sunan ɗanka. Ainihin takardar kuwa kada ta bar hannu, musamman yanzu da sake fitar da ita ya zama wahala.

Wanda ya riga ya biya, kada kunya ta rufe masa baki. Na san zafin a ce an yi wa dattijo wayo a kan ɗansa, amma shirunka ne yake ba su damar shiga gida na gaba. Ajiye saƙonnin da lambar asusun da shaidar turawa, ka kai wa 'yan sanda, in a sansani kake ka kai teburin koke na UNHCR. In yaro ya riga ya kama hanya, a sanar tun kafin ya yi nisa cikin sahara.

Malamai limamai, ku ba wannan magana minti biyar a Juma'ar nan. Masu unguwanni da shugabannin kasuwa, ku tambayi baƙon da yake bi rumfa rumfa yana karɓar lambobin samari wa ya aiko shi. Wanda yake jin Larabci a cikin maƙwabtanmu na sansani, a gaya masa ya fassara wa 'yan uwansa da Tigrinya.

Ɗalibin nan nawa na bi shi har gida na gaisa da mahaifinsa, muka mayar da buhunan rumbu. Kafin ya fita daga zauren na sa shi ya rubuta wa sauran yaran abin da muka gano, ba a yi minti goma ba aka cire shi. Shekarunsa 20, sakamakonsa ya haye 70. Mun yi da shi ranar 10 ga Janairu zai zo da shahadarsa, mu je Gadarif inda intanet ta fi ƙarfi, mu cika takardar Turkiyya da hannunmu.