Ɗan Kallo da Mai Riƙe da Linzami



Ku leƙa gidan gem na unguwarku da yamma. Yara biyu a kan benci, PlayStation a gabansu, wannan ya ɗauki Barcelona, wancan Real Madrid. Ku dubi babban yatsan yaron nan, ko daƙiƙa ɗaya ba ya hutawa, kafaɗarsa na karkata duk inda ɗan wasansa ya nufa. Idan aka zura masa ƙwallo, babu wanda zai ɗora wa laifi. Hannunsa ne ya makara.

Mai kallon fim bai san wannan nauyi ba. Ko sau goma ka kalli Sholay na 1975, Jai, wato Amitabh Bachchan, sai ya mutu a ƙarshe. Ka yi kuka, ka yi Allah wadai da Gabbar, mugun fim ɗin, darakta ya riga ya yanke hukunci.

Akwai labarin da aka yi shi ta fuska biyu: The Last of Us, gem ɗin da ya fito a 2013, tashar HBO ta Amurka kuma ta mai da shi fim mai dogon zango a 2023. A ƙarshensa likitoci na shirin yi wa yarinya Ellie tiyatar da za ta kashe ta, don a samo wa duniya rigakafin annoba. Joel, wanda ya ɗauke ta tamkar 'yarsa, ya kutsa asibitin da bindiga. A fim, zaune kake kana auna shi: ya kyauta ko bai kyauta ba? A gem kuwa, kai ne a gaban likitan, kuma wasan ba zai ci gaba ba sai ka kashe shi da kanka. A ganina, babu jarumin fim da zai iya sa wa mutum irin wannan nauyin zuciya.

Sai batun lokaci, wanda ya fi damun iyaye, kuma suna da gaskiya. Fim ɗin Indiya ma, duk tsawonsa, bayan kimanin awa uku an tashi. Gem kuwa, wanda aka ci yana son ramuwa, wanda ya ci yana son ƙari, "bari mu buga ɗaya" sai ta kai su har isha'i. A 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya jarabar gem cikin jerin cututtukan da ta amince da su, ga wanda wasan ya rinjayi barcinsa, karatunsa da sana'arsa.