Ɗan Mai Wankau Da Ya Rubuta Labarin Ƴar Tallan Ashana

Duk wanda ya yi sammakon kasa kaya a kasuwar Ɗan Gulbi cikin hunturu ya san su: ƴan mata ƙanana ɗauke da faranti, wannan da ƙosai, waccan da goro ko ashana, kuma a gida an gargaɗe su kada su dawo da saura. Labarin irin waɗannan yara da ya fi yawo a duniya, wani Bature ɗan ƙasar Danmak ne ya rubuta shi, Hans Kiristiyan Andasan, kuma ba daga nesa ya hango abin ba.

An haife shi ran 2 ga Afrilu 1805 a garin Odense. Ubansa baduku ne mai ɗinkin takalma, ya rasu a 1816. Uwar kuwa wankau take yi, tana tsayawa cikin ruwan kogi mai sanyin ƙanƙara tana wanke tufafin masu hali. Ita ce ta ba shi labarin yadda iyayenta suka tura ta bara tana yarinya, ta kasa roƙon kowa, ta wuni ƙarƙashin gada tana kuka. Wannan magana ba ta bar zuciyarsa ba.

Uwar ta so ya koyi tela. Mu dai ba mu ga laifinta ba, sana'a a hannu ai ita ce rufin asirin talaka. Shi ko ya ƙeƙasa ƙasa, sai wasan kwaikwayo. A 1819, yana da shekara 14, ya nufi Kopanhegan babban birni da ƴan kuɗin da ya tara. Ya gwada waƙa, muryarsa ta fashe da balaga. Ya gwada rawa, ga shi dogo zalau marar fasali. Shekara 3 yana gararamba a gidan wasan sarki, daga bisani aka sallame shi. Sai wani babba a gidan, Yonas Kolin, ya nemo masa tallafin Sarki Firedarik na 6, aka sa shi lakwal. Saurayi ɗan shekara 17 a aji ɗaya da ƙannen bayansa, ga shugaban makarantar kullum cikin muzanta shi.

A 1835 ya fara buga tatsuniyoyi, har suka haura 150. Wasu masana na lokacin sun raina su, wai ya rubuta su kamar yadda ake hira a tsakar gida. To, abin da ya sa suka karɓu ke nan. Dandalin da ya rasa kuma ya same shi ta wata ƙofa: shi da kansa yake karanta labaransa a fadojin sarakuna, daga 1860 kuma a zauren ƙungiyar ma'aikata ta Kopanhegan, gaban masu aikin hannu irin ubansa.

Na ƴar tallan ya fito a 1845. Wani mai buga littattafai ne ya aiko masa da hotuna ya zaɓi ɗaya ya yi labari a kai, ya ɗauki na yarinya riƙe da ashana. A labarin, daren ƙarshen shekara ne, ba takalmi a ƙafarta, ba ta yi cinikin ko dala ba, kuma tana tsoron dukan uba in ta koma. Ta raɓe jikin bango tana ƙyasta hajarta tsinke-tsinke don ta ji ɗumi. Da safe gawarta aka tarar. Abin da ya fi tsaya mana a rai shi ne, ba wani mugu da ya tare ta. Mutane dai sun yi ta wucewa, kowa na saurin zuwa gida.

Mun san abin da iyaye mata za su ce, don mu ma a nan muke: da ribar tallan nan ake cefane, da ita ake zubin adashi, da ita ake tara kwanonin aure. Gaskiya ne. Amma tsakanin "je ki sayar" da "kada ki dawo sai kin sayar" akwai tazara, kuma ta biyun ce ke tsayar da yarinya a tasha har bayan isha'i.

Uwar Andasan ba ta ga labarin ba. Ta rasu a 1833 a gidan gajiyayyu na Odense, giyar da take sha don maganin sanyin kogi ta riga ta kassara ta. Ɗan yana Rum saƙon ya iske shi. A 1867 garin ya kunna fitilu don karrama shi, ya rasu ran 4 ga Agusta 1875, bai yi aure ba, bai bar ɗa ba.