Rawar Titi a Jamaika: Abubuwan Mamaki a Taƙaice

A birnin Kingston na Jamaika kowace rawa da sunanta, kuma da mai ita. Wani matashin unguwa ne ke ƙirƙiro taku a dandalin dare, ya raɗa masa suna, daga baya mawaƙi ya ɗora waƙa a kai. Sau da yawa a kiɗan dancehall rawar ce ke haifar da waƙar.

Uban tafiyar shi ne Gerald Levy, wanda aka fi sani da Bogle. A 1992 mawaƙi Buju Banton ya yi waƙa sukutum a kan rawarsa. Bogle ne ya fito da Wacky Dip da Willie Bounce, wadda ya sa wa sunan amininsa Willie Haggart. An harbe Bogle har lahira a wani gidan mai a Janairun 2005, amma har gobe ana taka rawarsa.

Ga wanda ya fi taɓa zuciya. Lokacin da ɗan tsere Usain Bolt ya ci zinare a gasar Olamfik ta Beijin a 2008, duniya ta gan shi yana taka Gully Creeper a filin tsere. Mai rawar, wani matashi da ake kira Ice, ko shekarar bai ƙarasa ba. An kashe shi a Disamba. Miliyoyin mutane sun ga takunsa, ƙalilan ne suka san sunansa.

Tun kafin zuwan TikTok, bidiyon rawar 'yan Jamaika ya karaɗe duniya. Casun Passa Passa, da aka fara a 2003 a unguwar Tivoli Gardens, a wancan zamanin yakan fara daren Laraba har garin Alhamis ya waye, ana ɗauka a faifan DVD ana kaiwa Landan da Amurka da Japan. Duk inda fitilar mai kyamara ta haska, nan 'yan rawa ke yin dafifi.

Rawar ta bazu har ta kai a 2002 wata 'yar Japan, Junko Kudo, ta lashe gasar sarauniyar dancehall a Montego Bay!

Rawar Dutty Wine ta 2006 kuwa, saboda tsabar wulwula kai, sai da likitoci suka yi gargaɗi kan lahani ga wuya. A 2009 hukumar kula da gidajen rediyo da talabijin ta Jamaika ta hana sa waƙoƙin rawar daggering saboda batsa, kuma ta yi daidai.

Mai karatu, in ka ga irin wannan taku a wayarka, nemi sunan wanda ya ƙirƙiro shi. Haƙƙinsa ne a ambace shi.